Sadakar Jangali

Duk wanda ya tashi a wajenmu, ƙauyukan nan na bayan Toranke, a zamanin sule da fam, ya san masu shanu ba su cika yin sadaka da abu mai ƙafa huɗu ba sai damina ta yi tsakiya. Ba zagi nake yi ba, haka abin yake. Da an ji ƙishin-ƙishin cewa malaman jangali sun taso daga Gaya, sai ka ga zukata sun yi laushi. Mutumin da ya shekara bai ba ka ko tsaki ba, ran Juma'a za ka gan shi a ƙofar masallaci riƙe da igiyar saniya, yana neman wanda zai yi wa alheri.

'Yan yanzu ba su san jangali ba. Harajin shanu ne, kowane kai da kuɗinsa. Masu ƙirga garke suke bi, ba sa shiga gidan mutane. In sun hangi saniya ɗaya a turke ta saman danga suka tambaya, mai unguwa ya ce ta marayu ce, sadaka aka ba su, sai su wuce abinsu. Ko haka doka ta ce, ko tausayi ne kawai, ban sani ba, ban kuma taɓa tambaya ba. Wasu kan kora shanunsu cikin dawa su ɓoye, amma in aka kama mutum akwai tara, ga tozarci. Sadaka kuwa ba a kama mutum da ita.

Ga yadda ake yi. Mai shanu zai zo da saniya mai tatsa da ɗan maraƙinta. A gaban liman da mai unguwa zai ce ya ba gidan wane sadaka saboda Allah, liman ya shafa fatiha, wani daga gidan ya karɓi igiya. Shi ke nan, kai biyu sun fita daga lissafinsa. Gidan su yi ta shan nono har a gama ƙirga, har gero ya nuna. Mai shanu ba zai taɓa buɗe baki ya ce a dawo masa da abinsa ba. Ina zai iya? Wanda ya yi sadaka ya dawo yana nemanta, ai ya gama zubar da kansa a duniya, balle lahira. Wanda aka ba shi ne zai ja saniyar da ƙafarsa har ruga, ya durƙusa ya ce ya ba mai ita kyauta. Shi kuma ya yi godiya sosai, kamar bai taɓa ganin saniyar ba. Sadaka ta tafi, kyauta ta dawo, babu wanda ya yi ƙarya a fili.

Na san akwai masu cewa wayo ne ake yi wa Allah da hukuma gaba ɗaya. Su faɗa. Ni dai na ga damina a gidan da babu komai a rumbu, na kuma ga damina a gidan da aka ɗaure saniya, ba ɗaya ba ne. Watannin nan da tsohon hatsi ya ƙare sabo bai zo ba, su ne watannin da yaran matalautan garinmu suka fi sheƙi. Daga baya da aka soke jangali an yi ta murna, har da guɗa a rugage. Tun daga ranar ban ƙara ganin an kawo saniya ƙofar masallaci ba.

Ni na shiga sahun masu karɓa ne da mutuwar mijina. Ciwon ciki ya ɗauke shi ana tsakar roron gyaɗa, ya bar ni da tsohuwarsa da 'ya'ya biyu. Namijin cikinsu, ƙanin ubansa ya tafi da shi Ajingi. Na gama takaba na ƙi komawa gidanmu, don ban ga wanda zan bar wa Inna ba, surukata ke nan, ga ido ya fara yi mata hazo. Muka zauna mu uku da 'yar autata, ina yin ƙuli-ƙuli da man gyaɗa ana kai mini kasuwar Ajingi.

Wanda ya ba mu saniya wani dattijon Bafulatani ne da muke kira Baffa. Ba jini ya haɗa mu ba. Tun zamanin surukina shanunsa suke kwana a gonarmu bayan girbi, su ci kara su bar mana taki, zumuncin ya zarce har 'ya'ya. Dogo ne siriri, ba ya ɗaga murya, in yana magana da mace ƙasa yake kallo. Saniyar da ya kawo fara ce, ƙahonta na hagu ya karye tun tana karsana, ga ta da saurin fushi. Inna ta ce an haɗa ni da daidai ni.

Daminar farko daɗi kawai muka sha. Matar Baffa ta zo ta koya mini tatsa, tana yi mini dariya wai ina jan nono kamar mai jan guga. Ta nuna mini yadda ake sakin maraƙi ya ɗan tsotsa har nono ya sauko, sannan a janye shi a ɗaure kusa da uwar inda za ta riƙa lasarsa. Har yau in na ji ƙanshin ƙwaryar da aka yi wa hayaƙi, safiyar nan nake tunawa, raɓa ta jiƙa mini zani, madara tana kumfa da ɗuminta. Muka yi kindirmo, muka kaɗa man shanu, Inna ta shafa a ƙafa har fasonta ya rufe. Da kaka ta yi na wanke igiya, na ja saniyar na kai ruga, na faɗi abin da ake faɗa. Baffa ya yi godiya, aka cika mini ƙwarya da fura na dawo. Ko a raina ban ji komai ba.

Bazarar da ta biyo baya ƙyanda ta shigo gari. Ta kwashe yara ba kaɗan ba. Tawa ta tsira, amma abin da ciwon ya bar mini ba yarinyar da na sani ba ce. Da tana gudu har ƙofar gida, sai ga shi zama ma sai an jingina ta. Bakinta duk gyambo, gashinta ya yi ja ya kwanta. In na ba ta koko ta kau da kai, in na matsa ta amayar. Na riga na yaye ta, nonona ya ƙafe. Ina kallonta tana ƙarewa a hannuna, ba abin da zan iya.

Sai damina ta faɗi, Baffa ya sake kawo saniyar nan mai karyayyen ƙaho da sabon maraƙi. Ranar da na fara tatsa na ɗiga wa yarinyar madarar da ɗuminta a cokalin duma, ta haɗiye. Na ƙara, ta haɗiye. Na fashe da kuka a gindin turke, Inna tana daga ɗaki tana tambaya ko saniyar ce ta harbe ni.

Madarar nan ita kaɗai cikinta ya karɓa. Ba kindirmo ba, ba wadda ta kwana ba, sai wadda aka tatso yanzu. A hankali gyambon ya fara bushewa, ta fara zama da kanta. Amma da aka gama jangali, aka yanke gero, har yanzu ba ta taka ƙasa ba, ko lomar tuwo ɗaya ba ta wuce mata wuya ba.

Sauran gidaje suka fara mayar da shanu. Ta ƙofarmu hanyar ruga ta bi, ina jin wucewarsu ɗaya bayan ɗaya. Ni kuwa na shiga tara harawar gyaɗa da ta wake ina ɗorawa a kan rumfa, ina bi gida-gida ina sayen dusa. Inna ba ta gani sosai, amma tana jin ƙanshin harawa. Ta tambaye ni wa nake tara wa. Na ce saniyata nake tara wa. Sai ta ce in ji tsoron Allah in rufa mata asiri, mijinta da ɗanta sun zauna lafiya da mutanen nan, kada ni in zo in ɓata a kan tsufanta. Na ce mata in ta ga jikarta ta ci tuwo, ranar zan kai. Ta san halina, ba ta ƙara ba, sai dai kullum da safe ta yi ta tsaki ita kaɗai.

Baffa yakan bi ta ƙofarmu ranar kasuwa. Zai tsaya daga waje ya yi sallama, ya gaida Inna, ya tambayi gajiya da sanyi, ya wuce. Saniyar tana jin muryarsa ta kama kuka tana jan igiya. Ko waiwayawa ba ya yi. Fulako ke nan, kunyar nan tasu da ba ta barin mutum ya nuna yana son abinsa. Wallahi da zagina ya yi da ya fi mini sauƙi, don na iya ramawa.

'Ya'yansa ba su da haƙurinsa. Suka kai maganar gun mai unguwa, mai unguwa ya aiko in zo. Na je na durƙusa a zaure, ya yi ta kewaye-kewaye, ya tambayi Inna, ya tambayi kasuwar ƙuli-ƙuli, ya ce an ce har yanzu akwai baƙuwa a gidanmu. Na ce ranka ya daɗe babu baƙuwa, sai saniyar da aka ba ni sadaka a gabanka. Ya dube ni, ya dubi liman da ke gefe. Abin ya ɗaure masa kai, don in ya ce ba sadaka ba ce, to me ya gaya wa malaman jangali? Na juya na tambayi liman, a shari'a saniyar nan ta wace ce. Malam ya ja carbi ya ja, ya ce a shari'a tawa ce. Sannan ya ce amma akwai zaman tare. Na ce na ji na farkon, na yi musu sai an jima. Na fito na kama hanyar gida.

Sanyi ya shiga, ciyawa ta bushe, nonon saniyar ya ragu, amma abin da take bayarwa ya ishi yarinyar. Ta fara kama bango tana miƙewa. Ni kuwa na zama abin nuni a bakin rijiya. Wasu su ce na ci amana, wasu su ce dama idona a tsaye yake tun ina amarya. Oho. Duk wannan bai hana ni barci ba.

Abin da ya karya ni daban ne. Masu shanu suka yi shawara a tsakaninsu, magana ta fito cewa in ba a mayar da saniyar Baffa ba, baɗi ba wanda zai ɗaure saniya a gidan kowa. Gara su biya jangali, ko su kora cikin dawa, da su yi asarar uwa da ɗa. Ba su yi ƙarya ba, in ni ce su haka zan yi.

Sai ga mata sun zo mini, waɗanda muke karɓa tare. Ba su zo da faɗa ba, da ma faɗan suka zo da shi. Suka zauna a tsakar gida suka gaida Inna, suka ɗauki yarinyar suna cewa ta yi kyau. A cikinsu akwai wata tsohuwa mai riƙon jikoki marayu, ita ma ƙyandar ta taɓa nata. Ita ta yi maganar, a hankali, tana kallon tabarma.

"'Yar nan, ba mu ce taki ba 'ya ba ce. Amma namu ma bakin gare su, damina kuma tana zuwa."

Ni da ba a kayar da ni a magana, ranar an kayar da ni. Na ji haushinta, na ji haushin masu shanu, na ji haushin mijina da ya mutu ya bar ni da wannan. Amma gaskiya ta faɗa. Da suka tafi na gwada yarinyar da kunun gyaɗa mai ruwa-ruwa, ta kurɓa ta tofar. Na gwada da nonon akuyar maƙwabta, ya sa ta zawo. Duk da haka washegari na ce wa Inna zan kai. Ta ce Allah ya yi mini albarka, muryarta kuwa ba ta murna ba ce.

Da safe na tatsa na ƙarshe, na ba yarinyar ta sha har ta ture. Na goya ta, don ba ta yarda da kowa, na kwance saniyar, maraƙin yana biye. Ban wanke igiya ba wannan karon. Ina tafe ina ƙunƙuni, ina shirya baƙaƙen maganganun da na san ba zan faɗa ba.

Na tarar da Baffa zaune a kan buzu yana shan hantsi, 'ya'yansa biyu suna gyaran igiyoyin maruƙa. Da suka hango ni suka bar abin da suke yi suka matso. Na durƙusa na gaishe shi. Kafin in buɗe baki ya tashi ya nufi saniyar. Ya shafa haƙarƙarinta, ya ɗaga leɓenta, ya duba kofato. Ya tambaye ni me nake ba ta, na faɗa. Ya ce dusar ta yi yawa, kanwa ta yi kaɗan, amma ba laifi, bai zaci 'yar Haɓe, wato Bahaushiya, za ta fitar da saniya daga sanyi da tsoka a jikinta ba. Na ce na gode, na sake gyara durƙuso na fara, "Baffa, saniyar nan na ba ka..."

Yarinyar ta zaɓi lokacin ta motsa a bayana, ta leƙo da kai daga zani ta miƙa hannu wajen saniyar. Bai taɓa ganinta ba tun kafin ciwon, kullum tana ɗaki. Ya dubi hannun nan, siriri kamar sillen kara, ya dubi jan gashin. Mutumin da ba ya kallon mace a ido ya tsaya yana kallon bayana. Ya tambaye ni me take ci. Na ce abin da ya gani a gabansa, shi ke nan abincinta. Ya ce ban da shi fa? Na ce babu.

Ya koma kan buzunsa ya zauna. Na sake ɗauko maganar daga farko, don in gama in tafi kafin in yi kuka a gaban 'ya'yansa. Na faɗe ta duka, da ƙarfi, har da kyauta saboda zumunci. Baffa ya karkata kai ya ce kunnensa ya yi nauyi kwanan nan, bai ji ba. Babban ɗan ya ce shi ya ji, ya miƙo hannu zai karɓi igiya. Uban ya ce masa wani abu da Fillanci, gajere, hannun ya koma. Sannan ya ce da Hausa, don in ji, kyauta ba ta zama kyauta sai wanda aka ba ya karɓa, shi kuwa ba a ba shi komai ba yau.

Na ce, "Baffa, in na koma da ita, baɗi ba za a ba kowa ba. Da bakin mata na zo."

Ya ce wannan maganar maza ce, shi zai je ya sami masu shanun, kuma in Allah ya kai mu damina shi zai fara kai saniya masallaci, ya ga wanda zai zauna ya bar shi shi kaɗai. Ya ɗan yi wasa da sandarsa a ƙasa. Sannan ya ce:

"Tun ina saurayi nake sadaka a ƙofar masallacin nan, duk sun dawo. Wannan kaɗai ta tafi ta zauna, har na fara sa rai da ita a can lahira. Ki bar mini ita."

Kukan da nake ta riƙewa ya zo, na bar shi. Matar Baffa ta fito ta kama ni ta tayar, tana faɗa wai na tayar mata da maruƙa. Shi kuwa ya riga ya juya yana yi wa ƙaramin ɗansa bayanin wani bijimi mai ɗingishi, kamar ba ni a wurin. Da na juya zan tafi ya ɗaga murya kaɗan, ba tare da ya dube ni ba, ya ce in ƙara mata kanwa, in kuma fara tara sulallana, don baɗi mai unguwa ba zai ce ta marayu ce ba, jangalinta a kaina yake.

Na ja saniyata muka kamo hanya. A tsakiyar gonaki yarinyar ta fara kukan yunwa. Ban zo da ƙwarya ba, don ban zaci zan sake tatsa ba. Na sauke ta a gindin wata ɗorawa, na bar maraƙin ya tsotsa, na janye shi, na tatsa a tafin hannuna ina ba ta tana sha.